Ben Johnson ya wuce a ambace shi a layi ɗaya

Na ji daɗin wannan labari kan jaruman finafinan kaboyi, amma duk kun ƙare akan John Wayne sai kuka ambaci Ben Johnson a layi ɗaya kamar wani ɗan rakiya, haba dai! Mutumin nan makiyayi ne na gaske, a Oklahoma aka haife shi a 1918, a bayan doki ya girma. Dawakin da attajiri mai shirya finafinai Howard Hughes ya saya domin fim ya rako zuwa Hollywood, sai ya zauna yana kula da su, daga nan ya fara shiga wa manyan jarumai wuraren kasada, a faɗo daga doki ana tsakiyar sukuwa, shi ke shan ƙasa wani can na kwasar suna.

A 1947 wajen ɗaukar fim ɗin Fort Apache dawakin da ke jan keke suka firgita suka kwasa da gudu da mutane a ciki, shi ya bi su a kan doki ya tsayar da su, wallahi da abin ya yi muni, shine darakta John Ford ya ba shi kwantiragin shekara bakwai. Kuma ku duba zamansa akan sirdi in yana gudu, jikinsa ko motsi baya yi, wannan ba koya masa akayi a wajen fim ba.

1953 ya ajiye fim ya koma gasar makiyaya ya zama zakaran duniya a kamun bijimi da igiya, daga baya ya ci Oscar na mataimakin jarumi da fim ɗin The Last Picture Show na 1971. Ya rasu 1996. Don Allah ku yi masa labarinsa daban.