Ranar Da Aka Ce Ina Dafa Giya A Makaranta

Duk wanda ya koyar da kemistiri a SS2 ya san layin nan: C2H5OH → C2H4 + H2O. A allo abin ba wuya. Kabon ɗin da ke riƙe da OH ya sake shi, maƙwabcinsa ya saki haidurojin guda, su haɗu su zama ruwa, kabon biyun kuma su ƙara ɗauri a tsakaninsu ya zama biyu. Shi ke nan, itanol, sinadarin nan da ke sa maye a giya, ya koma iskar etilin, alkohol ya zama alkin, wato mai ɗauri biyu. Shekara da shekaru ina rubuta wannan da alli a wata sakandaren ƙauye a ƙasar Ringim, yara suna kwafa, har ranar da wani daga bencin baya ya ce, "Malam, wai iskar nan akwai wanda ya taɓa ganinta, ko a littafi kawai take zaune?" Aji ya tuntsure da dariya. Zuciya ta ɗebe ni na ce ranar Laraba za su gani da idonsu. Iskar da ba ta da launi, ita na yi alkawarin nunawa.

Hanyar da littafi ya fi so ita ce ta asid salfurik mai kauri. Awo ɗaya na itanol, awo biyu na asid, a riƙa ɗiga asid ɗin a hankali ana sanyaya kwalbar, a zuba ɗan busasshen yashi don kada ya yi bori, sannan a ɗora a wuta har digiri 170. Asid ɗin ne ke liƙa wa OH haidurojin, ya zama ruwa, ya fice cikin sauƙi. Amma a wurin zafin ake yin ta. Idan aka tsaya wajen digiri 140, kuma itanol ya fi yawa, ba etilin za a samu ba, eta ce za ta fito, wadda ke tafasa tun a digiri 35, tururinta mai nauyi ya bi kan tebur yana neman wuta. Idan zafi ya zarce kuma, haɗin ya yi baƙi ƙirin, ya riƙa fitar da SO2 mai shaƙe maƙogwaro da CO2, shi ya sa ake bi da iskar ta cikin ruwan sodar masu sabulu kafin a tara ta. To ni ma'aunin zafin da ke ɗakin gwajinmu a digiri 110 ya ƙare. Asid ɗin kuwa kwalbarsa na nan da takardarta tsaf, cikin ne dai babu komai.

Baba maigadi, da ya ga ina ta buɗe kabad ina rufewa, ya ce, "Malam, in asid kake nema ai ga ruwan batir can wurin mai caji." Na gode masa. Ruwan batir asid salfurik ne da gaske, sai dai kusan kashi ɗaya cikin uku ne asid, sauran duk ruwa. Wanda aka aika ya kwaso ruwa ba ya zuwa da tulu cike. Asid mai ruwa-ruwa ma aikin baya yake taimakawa, wato mayar da alkin ya koma alkohol.

Sai na koma hanya ta biyu: a bi da tururin itanol ta kan alumina mai zafin wajen digiri 350. Ba mu da alumina, amma yumɓu yana ɗauke da ita haɗe da silika, don haka tsingaron tukunya yana yi. Na ce yara su kawo. Washegari wata mata ta zo har bakin makaranta tana neman wanda ya fasa mata murfin randa.

Saura itanol. Ranar kasuwa na je wurin mai kemis, ya dube ni sama da ƙasa, ya lalubo mini wata robar sanitaiza da ta rage tun korona ta 2020. Na gwada ta ni kaɗai bayan an tashi. Kashi 70 ne alkohol, ragowar mafi yawansa ruwa, ga gilisarin da ake sawa don kada hannu ya bushe. Shi ma gilisarin in ya ji zafi sosai ruwa yake saki, ya zama akrolin, abin nan mai yaji a ido da ke tashi idan mai ya ƙone a kaskon mai ƙosai. Na fito ina hawaye, Baba maigadi ya taso da sauri yana tambayata wa ya rasu. A ƙarshe wani abokina ne ya aiko mini da itanol mai kashi 95 daga wani shagon kayan gwaji a Kano. Direban ya ba wani ɗalibina ya kawo mini, yaron kuma ya karanta takardar jikin kwalbar a hanya, ya tsaya gida shan ruwa, ya ba da labari.

Ranar Laraba na shirya komai. Doguwar kwalbar gwaji mai jure wuta, na tura auduga can ƙarshenta, na jiƙa ta da mililita 2 na itanol. Na maƙale kwalbar a kwance, na jera tsingaro a tsakiya, kowanne kamar ƙwayar gyaɗa, bayan na gasa su sun bushe, don tsingaron randa ruwa ne fal a jikinsa. Na toshe baki da roba mai bututu, bututun ya shiga bahon ruwa, ga ƙananan kwalabe cike da ruwa a kife suna jira. Wuta kuwa ƙaramin silindan mai shayi na aro, da sharaɗin ya dawo kafin la'asar. Mililita 2 ɗin nan giram 1.6 ne, kuma a lissafi zai iya ba da wajen mililita 800 na iska. Ko kashi huɗu aka raba aka ba ni ɗaya, na fita kunya.

Ana fara gasa tsingaron shi kaɗai, a daɗe, har ya yi zafi sosai, sannan a riƙa kai harshen wuta kusa da audugar a janye. Idan aka fara da audugar, itanol ɗin ya tafasa tun a digiri 78, ya wuce ta kan tsingaro mai sanyi yadda ya shigo, ya narke a ruwan baho, an yi asara. Kumfa ta fara fitowa. Kwalabe biyun farko na zubar, iskar da ke cikin bututu ce kawai zafi ya koro. Ta uku ta cika, monita ya toshe ta a ƙarƙashin ruwa. Ta huɗu, ta biyar, ta shida. Aji ya yi tsit, ni kuma har na fara gyara tsayuwa.

Sai muka ji sallama. Shugaban makaranta ne a gaba, fuskarsa a murtuke, bayansa wakilin mai gari, da na'ibin liman, da Alhaji shugaban ƙungiyar iyayen yara. Labari ya kai fada cewa malamin kimiyya ya sa an kawo masa giya daga Kano yana dafawa, har da aron silinda.

Ba a gaida manya da hannu a kan aiki. Na miƙa wa monita, na je na durƙusa. "Ranka ya daɗe, barka da zuwa. Allah ya gafarta Malam. Alhaji, ina wuni?" Ana ya gida, ya iyali, ya zafi, shi kuwa monita, yaro mai tarbiyya, ya ga bai dace wuta na ta gurnani manya na magana ba. Ya murɗe silinda.

Ƙa'idar wannan gwaji ita ce a zare bututu daga ruwa kafin a kashe wuta. Iskar da ke cikin kwalba mai zafin digiri 350, in ta huce, girmanta yana komawa kusan rabi, tururin itanol kuma ya koma ruwa, sai wuri ya buɗe a ciki, iskar waje ta danna ruwan baho ya haura bututu. Ina durƙushe ina hango shi ta gefen ido yana hawa, sannu a hankali, daga baya ya ruga. Ban iya katse wakili yana tambayar lafiyar mahaifina ba. Ruwan sanyi ya taɓa gilashi mai zafi. Tas! Tsingaro ya watse, tururi ya tashi, warin itanol ya cika ɗaki, ruwa ya fantsama a babbar rigar na'ibi. Na yi mako ina fafutukar cire ruwa daga mililita 2, cikin ƙiftawar ido rabin baho ya shigo.

Na'ibi ya shinshina hannun rigarsa, ya dubi wakili. Wakili ya dubi shugaban makaranta. Shugaban makaranta ya dubi silin.

Allah ya sa kwalabe huɗun na nan a toshe. Ruwan burominmu, wanda aka saba gwada alkin da shi, ya daɗe da kodewa, don haka na ɗauko famanganet, garin nan mai launin shunayya da ake jiƙawa a wanke gyambo. Na tsarma shi sosai, na ɗiga a kwalbar da iskar ɗaki ce kawai a ciki, na girgiza, launi na nan. Na ɗiga a ta etilin, na girgiza, shunayya ta ɓace, wani laka-laka mai ruwan ƙasa ya kwanta. Ɗaurin nan biyu ne ya buɗe ya karɓi OH biyu. Na ƙyasta ashana a bakin ta gaba, ta kama da harshe rawaya mai ɗan hayaƙi, ba irin shuɗin harshen itanol ba.

Na'ibi ya ja da baya ya ce, "To. Giya muka zo dubawa, ga shi mun tarar da tsibbu."

Tsoro ya sa bakina ya ɓalle. Na shiga bayanin cewa alkohol ɗin da kabon mai OH ɗinsa ke jingine da kabon uku ya fi saurin sakin ruwa, mai biyu na biye, irin itanol shi ne mai taurin kai. Na ce butan-2-ol alkin iri biyu yake bayarwa, wanda ɗaurinsa ke tsakiya ya fi yawa, kamar yadda Zaitsev na birnin Kazan a Rasha ya bayyana a 1875. Wakili ya ɗaga hannu.

"Malam, ka bar mutanen Rasha su huta. Giya ce ko ba giya ba ce?"

"Ranka ya daɗe, abin da ya shiga dai ɗan'uwan sifirit ne da ake goge wurin allura. Abin da ya fito kuwa iska ce, da ita ake yin leda, kuma ita ce ayaba da mangwaro da tumatir ke fitarwa su nuna."

Alhaji, wanda tun shigowarsa bai ce uffan ba, ya matso. Dillalin mangwaro ne. Ya ce in maimaita. Na ce a manyan ɗakunan nunar da ayaba na zamani akwai na'urar da ke yin daidai wannan aiki, ta mayar da itanol etilin, kuma kaɗan ake buƙata, wajen kashi 100 cikin miliyan na iskar ɗakin. Ba kamar kabaid ba, wanda asetilin yake fitarwa tare da wasu dattin guba, har NAFDAC ke ta gargaɗi a kansa. Nan take shari'a ta watse. Aka yanke cewa ni zan biya kwalbar da ta fashe da wankin riga, mai shayi kuma ya ce gas ɗinsa ya yi sauƙi, ya ɗora nasa.

Bayan sallar isha'i sai ga Alhaji a ƙofar gidana, wai yana da kwando arba'in na ɗanye, nawa zan yi masa. Na ce etilin in ta kai kusan kashi 3 cikin 100 a rufaffen ɗaki, ashana ɗaya ta isa ta ɗaga rufin, kuma ni ma'aunin zafi ma ba ni da shi. Shawarata ita ce ya jefa nunanniyar ayaba biyu-uku a kowane kwando ya lulluɓe da buhu, su za su yi masa iskar kyauta.

Ya yi shiru yana kallona, sannan ya ce, "Malam, wannan ai kakata ma haka take yi. Shekara nawa ka ce ka yi a jami'a?"