Ɗan Mutumin da Ya Tare a Dashbod Ɗina

Corolla ce da ni, ƙirar 2010, 'yar Kwatano. Tun da na saye ta muke zaune lafiya a kan sharaɗi guda: ni in zuba mai, ita ta rufa min asiri. A cikin fitilun dashbod ɗinta, ta mai kaɗai muka saba, don duk ƙarshen wata sai mun gaisa.

Wata safiya na murza makulli, fitilu suka kama gaba ɗaya, suka mutu ɗaya bayan ɗaya, sai wata ja ta ƙi tafiya. Hoton wani ɗan mutum ne a zaune, ya ɗaura bel, ga ƙaton dunƙule a gabansa. Autarmu ta leƙo daga kujerar baya ta ce, "Abba, fura aka kawo wa wannan mutumin?"

Uwargida ko ɗago kai ba ta yi ba. "In fura ce ai da sauƙi. Duk abin da ya fito ja a motar nan, kuɗin cefane yake ci."

Fitilar eyabag ce, wato balan-balan ɗin nan da ke naɗe a cikin sitiyari da kuma gaban mai zaman gaba, wanda ke kumbura ya tare mutum idan an yi karo. Duk sanda aka kunna mota, kwamfutar da ke kula da shi takan binciki wayoyinta na kimanin daƙiƙa 6, in komai lafiya ta kashe fitilar. In fitilar ta zauna, to ta ga matsala, kuma ranar da aka buƙaci balan-balan ɗin yana iya ƙin fitowa. Mota kuwa ba ta fasa gudu, ba ta ƙara shan mai, ba ta yin ƙara. Shi ya sa a garin nan wannan fitila ba ta da gata.

Maƙwabcina ne ya fara ba ni magani. Ya shiga motarsa ya nuna min dashbod ɗinsa, baƙin tef a wuri uku, an yanka shi tsaf da reza. Ya ce shi tun da ya gano wannan hikima hawan jininsa ya sauka. Na tambaye shi me ke ƙarƙashin na tsakiyar, ya ce wallahi ya manta, amma dai ba abin alheri ba ne.

Na nufi wajen bakanikena, wanda bai daɗe da canza min rak ɗin sitiyari ba, wato ƙarfen da ke karkata tayoyin gaba in an juya sitiyari, saboda wani ƙwas-ƙwas da take yi a kan gargada. Ya leƙa, ya yi murmushin wanda ya ga jiya ya ga yau.

"Alhaji, wannan ai ba ciwo ba ne. Kwamfuta ce ta rikice. Kai, zo cire kan batir!"

Aka cire, muka sha ruwan leda, aka mayar. Agogon mota ya koma farko, tashoshin rediyon da na jera duk suka goge, shi kuwa ɗan mutumin nan yana nan zaune da furarsa. Bakanike ya ce in ba ta lokaci, wani sa'in sai ta yi tafiya mai nisa take hucewa. Na kai ta har Wudil na dawo. Ba ta huce ba.

Daga nan sai ɗan yayata, wanda ya karanta kwamfuta kuma ya ɗauka duk abin da ke da waya a duniya ƙarƙashinsa yake, ya zo da wata 'yar na'ura da ya saya ta intanet. Ya durƙusa ya soka ta a soket mai rami 16 da ke ƙasan sitiyari, yana yi min lacca cewa tun 1996 Amurka ta wajabta wa kowace ƙaramar mota wannan soket. Ya haɗa ta da wayarsa, ya yi ta shafa, can ya ɗago da fara'a.

"Kawu, albishirinka. Motarka ba ta da matsala ko ɗaya."

Na nuna masa fitilar. Ya dubi fitila, ya dubi waya, ya ce to ɗaya daga cikinsu ƙarya take yi, kuma shi ya fi yarda da wayarsa. Ashe irin waɗannan ƙananan na'urori masu araha yawancinsu da kwamfutar inji kaɗai suke magana. Ta eyabag gidanta daban, ba ta kula su.

Amma ya karanto min wani abu mai ma'ana: sau da yawa laifin na soket ɗin ƙarƙashin kujera ne, masu launin rawaya, waɗanda ke saki saboda yawan tura kujera gaba da baya ko cusa kaya a ƙasa. Muka cire kan batir, muka tura kujeru, muka shiga haƙa. Abin da muka tono a ƙarƙashin kujerar nan ya isa a buɗe ƙaramin shago: ƙwallayen dabino, cokali biyu, takalmin auta ƙafa ɗaya wanda aka hukunta yayanta a kansa tun bara, katin ɗaurin auren da amaryar ta riga ta yi suna, da ɗan kunnen uwargida da aka zargi duk wanda ya taɓa shigowa gidanmu da shi. Ranar an yi min miyar da ban saba gani ba a tsakiyar wata. Soket kuwa muka same su garau a manne. Fitila ta ci gaba da harkarta.

Da abin ya tsaya a nan, ina jin da ni da ɗan mutumin nan mun tsufa tare. Sai hon ya shiga maganar.

Da farko wasa ya fara. In sitiyari na tsaye, in danna, shiru. In na karya kwana hagu sosai, sai ya yi ƙara. Wato ina da ikon yi wa mutum hon ne kawai bayan na riga na kauce masa. Daga baya ya ɗauke ɗif.

Wanda bai taɓa tuƙi a Kano ba hon ba, bai san maraici ba. A nan da hon ake sallama, da shi ake ban haƙuri, da shi ake zagi, da shi ake ce wa mai Adaidaita Sahu "na gan ka, kuma Allah ya gan ka." Na shigo ta Kantin Kwari da yamma, gilashi a sauke, hannu ɗaya a sitiyari ɗaya yana dukan ƙofa, ina ta "Malam hanya! Mai baro hanya! Hajiya a yi haƙuri!" Wani yaro ya ɗauka lodi nake yi, ya buɗe baya zai shiga yana tambaya ko Bata za ni. A unguwa kuma dattawan majalisa suka aiko a tambaye ni laifin da suka yi min, tunda yanzu sai in wuce su ba ko ɗan "fit". A ƙofar gida sai in fito in buɗe get da kaina, yara suna ciki suna kallon talabijin. Muryata ta dushe har a wurin aiki aka fara yi min sannu da mura.

Sai Ƙofar Ruwa, kasuwar kayan gyaran mota.

Mai wayarin na farko da aka kai ni wurinsa saurayi ne mai fara'a, ya saurare ni da kyau, ya ce hon zai ja min sabuwar waya ya sa min maɓalli a gefen dashbod, irin na ƙararrawar gida. Fitila kuwa magani uku gare ta, in zaɓa daidai aljihuna. Na talaka, a buɗe mita a kashe ƙwan. Na mai rufin asiri, a haɗa ta da fitilar baƙin mai, ta riƙa kamawa tana mutuwa tare da ita, ko dillali ba zai gane ba. Na manya kuma, a soka ɗan rezista a wayar, kwamfuta ta ɗauka eyabag ne lafiyayye.

Na ce, "To a cikin ukun, wanne ne balan-balan zai fito in an yi karo?"

Ya dube ni da mamaki. "Haba Alhaji, wa yake fatan karo? Ka riƙa faɗar alheri mana."

Na ce zan je in yi shawara. Wani mai sayar da fitilun Beljiyam da ke jin mu ya biyo ni, ya nuna min wata rumfa can ciki, ya ce in tambayi Baba.

Baba dattijo ne mai tabarau ɗaure da zare, ba ya gaggawa, ba ya dariya. Na fara ba shi tarihi tun daga fura, ya ɗaga min hannu. Ya ɗauko kwamfutarsa, babba mai jaka, ya soka a wannan soket ɗin dai da ɗan yayata ya soka tasa. Ya nuna min allo: B1801. Ya ce lambar da ta fara da P ta inji ce da giya, mai B ta jikin mota ce, wannan kuma cewa take yi hanyar wutar da ke zuwa eyabag ɗin direba ta yanke. Sannan ya cire tabarau ya dube ni.

"Hon ya mutu?"

"Ya mutu, Baba."

"Wa ya taɓa maka rak?"

Jikina ya yi sanyi. Ban gaya masa zancen rak ba. Na fara tunanin ko kwamfutar nan tana duba ne.

Ya ce ba duba ba ne, lissafi ne. Sitiyari juyawa yake yi, amma hon da eyabag a jikinsa suke, dole wuta ta kai gare su. Don haka a bayan sitiyari akwai wani faifai da waya mai faɗi, siririya, naɗe a ciki, su kulok-sifirin suke ce masa. In ka juya ɓangare ɗaya ta ɗan ɗaure, in ka juya ɗayan ta ɗan saki. Iyakar abin da take ɗauka zagaye biyar ne, biyu da rabi kowane ɓangare. Muddin sitiyari na haɗe da rak, ba zai wuce haka ba. Amma in an raba su ba a ɗaure sitiyarin ba, ya yi ta wulwulawa, to ko wayar ta tsinke nan take, ko a mayar da ita a karkace ta riƙa ɗamewa duk kwana har ta gaji.

Aikin da kansa abin kallo ne. Ya sa na daidaita tayoyi suka miƙe, ya zare makulli ya sa a aljihunsa, ya cire baƙar wayar batir, ya duba agogo. Ya ce littafin motar daƙiƙa 90 ya ce a jira, don kwamfutar eyabag tana riƙe sauran wuta a cikinta ko an cire batir, shi kuma yakan ƙara nasa a kai don yana da iyali. Wani almajirinsa ya matso da fitilar gwajin wuta, Baba ya daka masa tsawar da har ni na ja da baya. Ya ce wayar rawaya ba a tsokanarta da abin gwaji, 'yar wutar da ke ciki ta isa ta tayar da abin, kuma abin da ke fitowa da gudun da ya kai kilomita 300 a awa ba ya tambayar waye oga waye yaro.

Ya kwance sukurori biyu ta gefen sitiyari, ya zaro tsakiyar a hankali, ya zare soket. Nan mai shayin gefe, wanda ba wanda ya gayyace shi, ya ce shi an taɓa buɗe wata a gabansa aka tarar da tsumma da soson katifa, an yi karo da ita tun a Turai aka ɗinke. Ya ƙara da cewa tawa ma da ganin fentinta ba a rasa ba. Na riƙe numfashi har Baba ya juya abin ya ce nawa na gaske ne. Ya kai shi can gefe ya ajiye, tambarin yana kallon sama, ya ce in aka kife shi ya tashi, sai dai a nemo shi a Kurna.

Ya yi wa sitiyari alama, ya cire shi, ya ɓalle faifan. Ga wayar nan ta tsage, saura ƙiris ta rabu biyu. Aka aika yaro cikin kasuwa. Wanda ya fara kawowa bakin soket ɗinsa daban, mai shagon kuma ya aiko da saƙon cewa a ɗan fere shi zai shiga. Baba ya mayar masa da saƙon da ba zan iya rubutawa ba. Da aka kawo daidai, bai yarda da tef ɗin da aka manna a kai ba. Ya juya shi hagu a hankali da yatsa har ya tsaya, ya dawo da shi dama zagaye biyu da rabi, alamomi suka haɗu, sannan ya ɗaura.

Aka mayar da komai, aka haɗa batir, ya ce kowa ya fitar da kansa daga mota. Ya miƙa hannu ta taga ya murza makulli, ya goge lambar da kwamfutarsa, ya kashe ya sake kunnawa. Ɗan mutumin ya fito, muka ƙirga tare da almajirai da mai shayi, kafin mu kai bakwai ya tattara furarsa ya tafi. Na danna hon. Na sake dannawa. Sai da Baba ya ce ya isa, akwai masallaci kusa.

Da zan biya, ya nuna min lambar jikin mota mai harafi da alƙaluma 17 a ƙasan gilashin gaba, ya ce in ba wa ɗan yayan nan nawa aikin da zai iya: ya duba ta a intanet, don motoci da yawa na shekarun nan suna cikin waɗanda aka yi wa kiranye saboda eyabag ɗin kamfanin Takata na Japan, wanda sinadarin cikinsa ke lalacewa da zafi da laima, har kamfanin ya durƙushe a 2017. Ya ce zafi kuwa, Kano ba ta roƙon kowa.

Ban wuce gida ba, sai garejin bakanikena, da tsohon faifan a hannu. Na ajiye masa a kan bonet. Ya juya shi, ya jinjina kai, ya kira ƙaramin yaronsa.

"Kai, ranar da muka sauke rak ɗin Alhaji, wa ya shiga motar?"

Yaro ya sunkuyar da kai. Ya ce shi ne, amma ba tuƙi ya yi ba, tunda mota na kan jak. Gwaji kawai yake yi. Ya ce sitiyarin Alhaji daɗi gare shi, ko an juya ba ya ƙarewa, shi ya sa har sauran yara suka karɓi layi.

Bakanike ya yi salati, ya ce wannan yaro sai addu'a, ya ba ni haƙuri har da dafa ƙirji. Na juya zan shiga mota, ya biyo ni yana goge hannu da tsumma.

"Af, Alhaji, tunda Allah ya kawo ka. Akwai fa ɗan cikon kuɗin rak ɗin nan."