Wai shaguɓe ga masu mulki ma daga Turai muka kwaso?

Duk lokacin da wani yaro ya yi bidiyon kwaikwayon gwamna a TikTok sai ka ji dattawa a majalisa, daga Tudun Wada har Ƙofar Doka, suna cewa ai tarbiyyar Turawa ce ta lalata yara. Ni kam ban yarda ba wallahi.

Turawa suna da nasu, ba musu. A 1729 wani marubuci Jonathan Swift ya kawo shawarar wai talakawan Ayalan su riƙa sayar wa masu kuɗi jariransu a cinye, don dai ya tona asirin zaluncin da Ingila ke musu. A Amurka kuma kotu ta samu Lenny Bruce da laifin batsa a 1964 saboda barkwancinsa, sai a 2003 aka yafe masa, ya daɗe a kabari.

To amma mu fa? Wasan gauta a cikin fada ake yinsa, matan gidan sarki su yi shigar sarki da hakimansa su kwaikwayi tafiyarsu da maganarsu da halinsu, mai gidan yana kallo, in ya ga aibinsa sai ya haɗiye. Ga tashe da azumi, ga 'yan kama da ke maida wa'azi ya koma zancen tuwo da nama, malamai na ji suna murmushi. Samanja ma a zamanin soja ya riƙa wasa da rayuwar bariki a talabijin, ga namu na Zazzau, marigayi Ƙasimu Yero da shirinsa na Karambana.

Abin da ya canza shi ne haƙurin na sama. Sarki na da ya san in ka bar talaka ya yi dariya ya rage zafi, kai ma ka ji abin da fadawa ba za su taɓa faɗa maka ba. Na yanzu kuwa kwamishina ma ba ya taɓuwa. A 2022 kotun majistare a Kano ta yanke wa wasu 'yan TikTok biyu bulala 20 kowanne kan bidiyon da suka yi wa Ganduje.

Kar a ce ina goyon bayan zagin iyayen mutane da ƙage, wannan ba barkwanci ba ne, rashin kunya ce, kuma akwai masu yi don neman folowas kawai. Amma wanda ya yi wasa kan albashin da ba a biya ba ko tsadar man fetur, a biya albashin mana, me ya kawo 'yan sanda ciki?