Mai shigar da ƙara ɗaya sau biyar, da takardar talauci a hannu

Jama'ar Yamai, akwai abin da ke cin lokacin alƙalai ba a cika zancensa ba. Mutum ya yi shari'ar fili ya faɗi, ya ɗaukaka ƙara ya sake faɗuwa, bayan wata shida sai ga shi da sabuwar takarda kan filin nan dai, wannan karon da sunan ƙanensa. Kowace tafiya kuma yana neman a ɗauke masa kuɗin shari'a, wai ba shi da hali.

Taimakon da ANAJJ, hukumar ƙasa mai taimaka wa marasa hali a harkar shari'a, ke bayarwa tun dokar 2011 haƙƙin talaka ne, kada kowa ya taɓa shi. Sai dai takardar talaucin da ofishin magajin gari ke bayarwa aljihun mutum kawai take shaida, ba ruwanta da ko ƙarar na da tushe. Wanda ke shan wuya shi ne wanda ake ƙara: kuɗin lauya, kuɗin mota daga ƙauye, yini guda a bencin kotu, a ƙarshe a ɗage zama.

Dokar shari'ar farar hula ta 2015, a aya ta 15, ta ce ƙarar mugunta ko ta jan lokaci laifi ce da ke jawo diyya. To wanda bai da ko akuya, me za a kama a gidansa? Faransa na cin tara har yuro 10,000, ita ma mai abin hannu kaɗai take tsoratarwa.

Kotun ƙolin Amurka ta bi wata hanya. A 1989 ta hana wani mutum da ya kai mata takardu 73 shigar da wasu ƙararraki kyauta. Yanzu wanda ta ɗora wa wannan hani sai ya biya dala 300 ta Amurka kafin a karɓi takardarsa. Alƙalai huɗu cikin tara sun ƙi yarda a lokacin, ni ma ina bayansu. Mai kuɗi da ke da irin wannan hali zai biya ya ci gaba da wahalar da mutane, talakan kuwa ranar da aka zalunce shi da gaske zai tarar da ƙofa a kulle.

Tsarin Ingila ya fi kwanta mini. Idan alƙali ya rubuta sau biyu cewa buƙatar mutum ba ta da tushe ko kaɗan, ana iya hana shi sake kawo wata a shari'ar sai da izinin alƙali, ko attajiri ne shi.

A nan gida, tun a teburin magatakarda za a fara. A tambayi mai neman taimako ko an taɓa yanke hukunci kan maganar, ya kawo kwafi da lambarsa. A duba abu uku: mutanen su ne, abin da ake nema shi ne, dalilin ma shi ne? In duka sun haɗu, shari'a ta riga ta mutu. Dabarar sauya suna kuwa, a riƙa rajistar ƙararrakin fili da lambar filin da unguwarsa, domin ƙane zai iya maye gurbin wa, fili kuwa yana nan inda yake. In aka ƙi ba mutum taimakon, a rubuta masa dalili a takarda, a gaya masa inda zai kai kuka.