Asirin da Ke Ɗaure Labari da Labari: Sai da Farashi, Sai da Lissafi

'Yan uwa marubuta, musamman masu ƙirƙiro duniya guda su zuba labarai da yawa a cikinta, ga ra'ayina: tsarin asirin da ba ya cin komai a jikin mai amfani da shi ƙofar gudu ce marubuci ya tanadar wa kansa, kuma mai karatu yana gano ta tun labari bai yi nisa ba.

Bari mu gina ɗaya a gani. A duniyar labarin, duk wanda ya furta alkawari, wani zare da ido ba ya gani zai fita daga jikinsa ya ɗaure a jikin wanda aka yi wa alkawarin. Mutane ƙalilan ne ke ganin zaren, su ja shi, su ƙulla shi da wani, ko su yanke shi. Ikon ke nan gaba ɗaya. Kafin ka rubuta jimlar farko, sai ka amsa tambayoyi 4: daga ina ikon ke fitowa, me ake biya, me ba zai taɓa iya yi ba, kuma ina zaren da aka yanke yake faɗawa.

A kan farashi aka fi yin kuskure. Sai ka ji an ce jarumi ya gaji bayan ya yi aikin asiri. Gajiya ai barci ke maganinta, gobe ya tashi garau, labari bai ƙaru da komai ba. Farashin kirki shi ne wanda ba ya dawowa. A misalinmu, duk zaren da mai gani ya yanke, zai manta mutum ɗaya da ya sani, kuma ba shi ke zaɓar wanda zai manta ba. Ka sa adadi: yanka 7 ne iyaka, a na 7 sunan kansa zai ɓace masa. Daga nan mai karatu zai riƙa ƙirgawa tare da kai. Yanka na 5 zai fi na farko tayar da hankali ba tare da ka ƙara kalma ɗaya ta kwarzantawa ba.

Iyakoki 3 sun wadatar: mai gani ba ya tayar da matacce, ba ya ƙago alkawarin da ba a yi ba, ba ya ganin nasa zaren. A 2007 marubucin Amurka Brandon Sanderson ya kafa hujjar cewa gwargwadon yadda mai karatu ya fahimci sihirin labari, gwargwadon damar da marubuci ke da ita ta warware matsala da shi. Na yarda da wannan sosai. A aikace, duk dokar da za ta ceci jarumi a ƙarshe, ka nuna ta sau 2 tun da wuri: sau ɗaya tana aiki a ƙaramin al'amari, sau ɗaya tana ƙin aiki a lokacin da ake matuƙar buƙatarta.

Tambaya ta 4 kuwa ita ce ke haɗa labaran. Zaren da aka yanke ba ya mutuwa, kan wani yake faɗawa. Jarumar labari na biyu za ta wayi gari da nauyin alkawarin da ba ita ta ɗauka ba, saboda abin da wani ya aikata a labari na farko don ceton kansa. Da yawa suna zaton haɗa labarai shi ne tsohon jarumi ya leƙo a sabon littafi ya gaisa ya wuce. Wannan ado ne kawai, in ka cire shi babu abin da zai rushe. Masanin Rasha Vladimir Propp, a nazarinsa na 1928 kan tatsuniyoyin ƙasarsa, ya fitar da matakai 31 da labaran ke bi, kuma abin da ke tayar da tafiyar jarumi shi ne cuta da aka yi ko rashin wani abu. To, ka sa nasarar labari na farko ta haifi rashin da labari na biyu zai tashi a kansa.

Wannan ba ya yiwuwa da ka, sai da jadawali mai gida 5: wa ya yi alkawari, ga wa, a wane babi, halin da zaren ke ciki, da inda ya faɗa. Shawarata, kada zare ya wuce 3 a buɗe cikin littafi ɗaya. Ka rufe 2, ka tsallaka da 1. In sun fi haka, mai karatu zai daina riƙewa, kai ma za ka fara saɓa wa kanka, misali jarumin da ya manta ƙanwarsa a babi na 9 ya kira sunanta a na 14.

Wata ɓarnar ita ce ƙara wa iko ƙarfi a kowane sabon littafi don a burge. Da zarar wani ya yi yanka 8 bai rasa komai ba, duk wahalar da na baya suka sha ta tashi a banza. In kana son sabon abu, ka canja wanda ke biyan farashin, dokar kuwa ka bar ta yadda take. Kafin ka saki labari na biyu, ka ba wanda bai karanta na farko ba. Idan ya kasa faɗa maka abin da jarumar za ta rasa in ta yanke zaren, ka koma ka gyara babuka 3 na farkon labari na biyun.