Randar Agege da tambayar da aka ce ba ta cikin darasi

'Yar ƙanwata mai shekara 11 ta dawo Agege, a Legas, daga hutu a Kano. Ta kamfaci ruwa a randar gidanmu, ta kurɓa, ta yamutsa fuska. "Kawu, me ya sa ruwan randar Hajiya ya fi wannan sanyi? Ai duk randa ce." Na ce ta kai wa malaminsu na kimiyya. Ranar Litinin ta ɗaga hannu ta tambaya, aka ce mata wannan ba ya cikin darasin yau, ta zauna.

Alhali kuwa yana cikin littafinta. Jikin randa yumɓu ne mai ƙananan ƙofofi da ido ba ya gani. Ruwa yana nasowa ta cikinsu, iska ta kwashe shi, shi kuma ya tafi da zafin da ke ciki. Iskar Kano busasshiya ce, balle da hunturu, don haka tana kwasa da sauri. Ta Legas kuwa ta riga ta ƙoshi da danshin teku, kaɗan take iya ɗauka. Shi ya sa shanya ke wuni a igiya a nan, zufa kuma ta ƙi bushewa a jiki. Yarinyar ta haddace ma'anar wannan abu da Turanci, har ta ci maki a kai, amma ba ta san shi ne a bakin ƙofar ɗakinsu ba. Da wannan ilimin ne Mohammed Bah Abba, malami a Jigawa, ya sa tukunya cikin tukunya da jiƙaƙƙen yashi a tsakani don adana kayan miya, ya ci kyautar Rolex a 2000.

Da malamin ya juya ga 'yan aji ya ce, "Ku me kuke zato?", da an sha zance. Wani zai ce ƙasar da aka gina randar ce ta bambanta. Wata ta ce ruwan rijiya ya fi na burtsatse sanyi. Wani ya ce inuwa ce. To, ta yaya za mu gane mai gaskiya? A samo tulu biyu iri ɗaya, a zuba ruwa ɗaya, a naɗe guda da leda, a bar ɗayan haka, a ajiye su duka a gaban fanka, a riƙa auna zafinsu kowace awa ana rubutawa. Yaron da ya gane dalilin da ya sa ba a sauya abu biyu lokaci guda a gwaji ya kama jijiyar kimiyya. Kuma duk wannan ba ya bukatar ɗakin gwaje-gwaje. Zoɓo ma ya isa darasi: matsa masa lemun tsami ya ƙara ja, jefa masa kanwa ya rine ya koma duhu-duhu.

Ba sabon abu nake kawowa ba. Ƙungiyar malaman kimiyya ta ƙasa, STAN, tun 1957 take. Manufar ilimi ta ƙasa, wadda aka fara fitarwa a 1977, ta tanadi a koyar a firamare ta hanyar aiki da hannu, bincike da gwaji. A takarda ke nan. A aji kuwa jarrabawa ce sarki. Makarantu da dama ba sa kakkaɓe kwalaben gwaji sai WAEC ta ƙarato, a koya wa ɗalibai launin da ake so su ce sun gani.

Masu ja da wannan hanya suna da hujja, kuma bai kamata a raina ta ba. Aji ya cika maƙil, manhaja doguwa, zango gajere. Sakamakon gwajin PISA na 2015, mai kwatanta ƙwazon ɗaliban ƙasashen duniya, ma ya nuna cewa a ƙasashe da yawa, ɗaliban da malami ke yi wa bayani kai tsaye sun fi cin maki a kimiyya a kan waɗanda suka ce sun fi yawan bincike da kansu. Na yarda. Amma abin da na fahimta shi ne, sakin yara su yi ta lalube babu jagora ɓata lokaci ne. Tambaya ta fito daga yaro, malami ya saita ta, ya ja akalar gwajin, sannan ya ɗaure da bayani. Wannan ya fi karanto littafi ga allo wuya, domin sai malamin da ya san fanninsa ne ke iya cewa "ban sani ba, mu gwada" ba tare da jin girmansa ya zube ba. A Faransa, masanin kimiyya Georges Charpak, wanda ya ci kyautar Nobel a 1992, bai ga ƙasƙanci ba wajen jagorantar irin wannan shiri ga 'yan firamare daga 1996.

Mu ma iyaye da laifinmu. Muna cewa matambayi ba ya ɓata, amma yaro na jero tambaya uku sai a ce ya cika surutu, ko a kira shi mara kunya. Hadda tana da muhallinta, kuma mun san darajarta a makarantar allo. Sai dai Ibn al-Haisam, wanda aka haifa a Basra wajen 965, da gwaji a ɗaki mai duhu ya binciki tafiyar haske, ya kuma kafa hujjar cewa haske ne ke shiga ido, ba ido ke fitar da shi ba, ko da yake manyan masanan da suka gabace shi irin su Batlamus sun faɗi akasin haka.

Mun yi gwajin tulun a tsakar gida, da ma'aunin zafin da na saya a kyamis. Wanda ba a naɗe da leda ba ya fi sanyi. Tana cikin rubutawa sai ta ɗago: "To Kawu, fiya wata ai leda ce, ba ta naso. Ruwan da ke jikinta in an ciro daga firij, daga ina yake?"