Hazon da ke Cinye Shekaru: Nasiha ga Matasan Marubuta

A makon nan na karanta ƙagaggen labarin wani matashi, wanda ya gina shi a kan wata duniyar almara mai wani kwari da hazo ke sauka a cikinsa, duk wanda hazon ya rufe kuwa, dare ɗaya a wurinsa shekara 10 ne ga mutanen waje. Tunanin ya yi kyau ƙwarai, shi ya sa abin da ya biyo baya ya ɓata mini rai. Jarumin ya kwana uku a hazon, ya fito ya tarar da mahaifiyarsa yadda ya bar ta, dokin da ya ɗaure a bakin kwarin ma yana tsaye yana jiransa. To, ina shekara 30 ɗin suka tafi?

Ƙannena, wannan ɗabi'a ta yi yawa a rubutunku. Mutum ya kafa doka da hannunsa, sannan ya take ta da zarar ta tare masa hanya. A babi na biyu iskar da ke tsayar da lokaci tana tsofar da duk wanda ta taɓa, a babi na tara ta bugi jarumi ba ta rage masa ko gashi ɗaya ba. Wani ya ƙirƙiri kogin da ke mayar da mai iyo zuwa jiya, amma ba ya tunawa da shi sai ya kashe tauraruwarsa ya rasa yadda zai dawo da ita. Ramin ƙarya ƙurarre ne, kuma mai karatu yakan riga marubuci isa ƙarshensa. Wanda ya ci zomo ya ci gudu. Idan jaruminka ya ribaci hazo, dole ya biya da mutanen da suka rasu a bayansa da 'ya'yan da suka girma ba su san fuskarsa ba.

Ko a duniyarmu ta zahiri lokaci ba ya tafiya daidai a ko'ina, amma bambancin yana da ƙa'ida. Tun 1915 masanin kimiyya Albert Einstein ya nuna cewa lokaci yana rage sauri a inda ƙarfin jan nauyi ya fi yawa, kuma agogunan taurarin ɗan'adam na GPS (tsarin gano inda mutum yake), da ke nisan kusan kilomita 20,000 daga ƙasa, suna wuce namu da kimanin kashi 38 cikin miliyan na daƙiƙa a kowace rana, har sai da masana suka sanya wannan tazara a lissafi. Ƙissar Ashabul Kahfi kuwa, wadda gaskiya ce ba almara ba, ta isa darasi: sun yi shekara 309 suna zaton yini ɗaya ne ko sashensa, amma garin da suka aika ɗayansu da kuɗin azurfa bai tsaya ya jira su ba.

Na san tushen ciwon. Gaggawar sakin babi kullum domin a tara yabo ta hana ku komawa ku duba abin da kuka rubuta jiya, ga wasunku ma ba sa karanta littafin kowa, sai kwasar abin da suka gani a fina-finai ba tare da sun fahimce shi ba. Ƙa'idar rubutu kuwa kada ma a yi maganarta.

Marubutan da suka gabace mu sukan zauna da labari watanni, su ba na gaba da su ya duba, su karɓi gyara ba tare da fushi ba. Yau da ka nuna wa yaro cewa lissafin shekarunsa bai haɗu ba, sai ya ce ai almara ce, komai na iya faruwa, har ya ƙara da cewa hassada kake yi masa. Ku ji tsoron raina hankalin masu karatunku, ku natsu, ku riƙa ƙirga shekarun da hazonku ya ci kafin ku fito da jarumi daga cikinsa.